Ku Tambayi Kawu: Yawon birnin Kiyoto bisa keke

TAMBAYA: Assalamu alaikum Kawu, da fatan kana lahiya kai da iyali, ya sanyi ya ƙura. Ni malamin gona ne ina aiki wajen Jiratawa, gida kuma unguwar Zariya nan Maradi. Allah Ya yi an zaɓe ni cikin masu tahiya kwas na sati uku garin Osaka ƙasar Japan kan harkar noman rani, to cikin takardar da anka aiko muna sun ce akwai Asabar ɗaya da babu karatu, wanda ke so ana iya kai shi Kiyoto ya yi yawon gari bisa keke tare da ɗan jagora amma kowa daga aljihunshi zai biya. Na ba abokaina labari fadarmu ta shayi sai sunka dinga yi mini dariya wai in tahi har ƙasar Toyota in ƙare bisa keke kamar ɗan lekwal, wai ko na ɗauko hoto kar in nuna ma kowa. Gaskiya abin ya ɗan shige ni. Kuma rabona da keke tun ina CEG. Na ji an ce ka taɓa zuwa can, don Allah abin ya cancanci kuɗin? Kuma dole sai da ɗan jagora, ba ni iya hayar keken in bi taswirar salula ni kaɗai?

AMSA: Wa alaikumus salam ɗana, lahiya lau, Allah Ya sa ka tahi a sa'a ka dawo da abin da zai amfani manomanmu. Ka rubuta sunanka cikin masu zuwa tun yau kar ka tsaya sai gurbi ya cika. Abokanka kuma ka bar su, wanda bai je ba ai ba ya da laihi, mu nan mun saba ganin keke abin wanda bai kai ga sayen moto ba, can kuwa ba haka ba ne ko kusa. Ranar farko da ka hita da sahe za ka ga mutum da kwat da nakatai da jakar aiki bisa keke ya nufi tashar jirgin ƙasa, za ka ga mace ta aza yaro ɗaya gaba ɗaya baya cikin kujerunsu na musamman za ta kai su makaranta, ka ga tsohuwa wadda ta yi jika da kai da kwandon cefanenta gaban keke tana tahiya a natse. Irin keken ma suna da sunan da suke kiranshi, mamacari, wato keken mama, mai kwando gaba da ƙarhen tsakiya ƙasa-ƙasa yadda ba sai ka ɗaga ƙafa sama ba, kuma galibi irin shi ne za a ba ka.

Bari in gaya maka dalilin da ya sa Kiyoto musamman ta dace da keke. Garin shi ne mazaunin sarkin Japan tun shekarar 794 har wajen 1868 da anka maida sarauta Tokiyo, ka ga sama da shekara dubu kenan. Waɗanda sunka kafa shi sun kwaikwayi tsarin Cangan babban birnin Sin na wancan zamani, sunka ja tituna miƙe daga arewa zuwa kudu da gabas zuwa yamma suna gittawa kamar gidan dara, har yanzu haka tsakiyar garin take, kuma shimfiɗe take, duwatsu sun kewaye ta gefe uku amma cikinta ba tudu sai ɗan hawa kaɗan in ka nufi arewa wanda ƙafarka za ta ji idonka bai gani ba. To wuraren tarihin ba su taru wuri ɗaya ba, wani na gabas gindin dutse wani na can arewa maso yamma wani na kudu, da ƙafa ba ka gama ko kashi ɗaya cikin goma a wuni, bas kuma lokacin baƙi cike take maƙil sai ka ga biyu sun wuce ka ba ka samu shiga ba, taksi tsada gare ta kuma lungunan da ke da daɗin gani mota da ƙyar take ratsa su. Keke shi ne daidai, in ka ga abu ka taka birki ka sauke ƙafa ka duba, ka ji ƙamshin shayin da ake gasawa cikin shago, ka ji ƙarar masaƙa daga cikin gida.

Maganar masaƙa ba da wasa na yi ta ba. Akwai unguwa da ake ce ma Nishijin, unguwar masaƙa ce tun ɗaruruwan shekaru, can ake saƙa alharinin da suke ɗaura ma tufarsu ta gargajiya. Ranar da na yi nawa yawon mu shida ne, jagorarmu wata dattijuwa ce da za ta kai shekara sittin, ƴar ƙarama da farar hula, ta tsaida mu ƙofar wani gidan katako mai ƙunci wanda faɗinshi bai wuce ɗaki ɗaya ba ta ce mu yi shiru, sai munka ji tak-tak, tak-tak daga can ƙurya, ta ce wannan gida da kuke gani siriri daga waje ya yi zurhi sosai ciki, shago gaba, wurin kwana tsakiya, ɗan lambu can baya, su da kansu suna ce ma irinshi makwancin wani kihi mai tsawo kamar maciji. Wallahi ɗana da ni kaɗai ne da na wuce gidan nan ban ko waiwaya ba, don ba allo ba rubutu ba komi. Amsar tambayarka ta biyu kenan. Taswirar salula tana kai ka ƙofar wuri, amma ba ta san gidan da ya kamata a tsaya a yi shiru ba.

Wuraren da aka fi kai mutane kuwa, kusan kowane ɗan jagora zai fara da bakin kogin Kamo, don akwai hanyar ƙafa da keke gefenshi duka biyu, babu mota, nan ne wanda ya daɗe bai hau ba yake sake sabawa, kai da ka ce tun CEG minti goma ya ishe ka, jiki ba ya mance keke. Can sama inda rassan kogin biyu sunka haɗu an jera duwatsun tsallakawa cikin ruwa wasu an sassaƙa su siffar kunkuru, yara na ta tsalle bisa. In kun zauna cin wani abu wurin ka riƙe shi da kyau, shirwa gare su masu ƙarfin hali, ina gani ta sauko ta fizge burodi daga hannun wani Bature cikin tawagarmu, sak irin tamu ta bakin mahauta.

Daga nan sai hilin fadar sarki, wanda tsawonshi ya kai kilo ɗaya da mita 300, faɗi wajen mita 700. An shimfiɗa mishi tsakuwa mai kauri wadda taya ke nutsewa ciki, amma in ka duba da kyau za ka ga wata ƴar siririyar hanya da ba ta wuce tahin hannu ba inda tayoyin mutanen gari sunka share tsakuwar yau da gobe, kowa ita yake bi, in kun haɗu da wani ɗaya ya kauce. Ta tuna mini da turbar gona cikin yashi wajen ƙauyukanmu. Sai gidan Nijo da sarkin yaƙi Tokugawa Iyeyasu ya gina a 1603. Su shogun suke cewa, ka ɗauke shi kamar a ce Ƙaura ne ya yi ƙarhi har mulki ya koma hannunshi da zuri'arshi sarki na zaune cikin fada da girmanshi amma ba shi ke zartarwa ba, haka sunka yi shekara sama da 250, kuma cikin wannan gida ne na ƙarshensu ya sanar da maida mulki ga sarki a 1867. Za a sa ka tuɓe takalmi ka bi barandar katako, duk takun da ka yi daɓen sai ya yi ƙara kamar kukan tsuntsu, ko ka yi sanɗa sai ya yi. Labarin da ake ba baƙi shi ne an yi haka da gangan don kar wani ya shigo da dare a ɓoye, jagorarmu ta ba mu shi sannan ta ƙara da cewa wasu na ganin ƙusoshi ne da maɗauran ƙarhe ke gogar juna saboda tsufa, ta bar mu mu zaɓa. Na ji daɗin haka, mutum mai gaskiya ce.

In yawon na wuni guda ne za ku kai Kinkakuji, wani gidan bautarsu, ginin da bene biyunshi na sama an lulluɓe su da ganyen zinariya yana tsaye bakin tabki. Asalinshi na 1397 ne, amma wanda za ka gani an sake gina shi a 1955 bayan wani matashi daga cikin masu hidimar wurin ya cinna mishi wuta a 1950. Yana cikin wurare 17 na Kiyoto da kewayenta da UNESCO ta sa cikin kayan tarihin duniya a 1994. Jama'a ta yi yawa wurin, ka ɗauki hotonka ka wuce, ni dai lungunan da munka bi kahin mu isa sun fi zama mini cikin rai. Kuma ka san abin da ya sa duk wannan ya rage har yau? Lokacin yaƙin duniya na biyu an ƙone Tokiyo da Osaka da bama-bamai, Kiyoto kuwa har an sa ta cikin jerin garuruwan da za a jefa ma bam ɗin nukiliya a 1945, sakataren yaƙin Amurka Henry Stimson ya nace anka cire ta.

Yanzu ga inda nake so ka buɗe kunne, don nan ne ɗan jagora yake biyan kuɗinshi. Can hannun hagu ake tuƙi, mu dama, kuma keke doka ta ɗauke shi abin hawa ne kamar mota. Ga miƙaƙƙen titi ba matsala, wurin kwana ne jiki ke koma ma abin da ya saba sai ka tsinci kanka gaban mota, shi ya sa bin bayan wanda ya san hanya ranar farko ya fi maka kwanciyar rai. Ba a goyon babba bisa keke, ba a riƙe laima ana tuƙi, dare ya yi dole ka kunna fitila, danja ta tsaida mota kai ma ta tsaida ka ko da ba kowa. Salula kuwa tun watan Nuwamba na 2024 sun tsananta hukunci kan mai latsa ta yana tuƙin keke, ka ga wanda ya ce zai bi taswira da hannu ɗaya ya riga ya shiga laihi. Hular kwano tun Afrilun 2023 doka ta ce kowa ya yi ƙoƙarin sawa, in an miƙo maka ka sa. Wasu manyan titunan kasuwa na tsakiyar gari an hana hawa keke cikinsu wasu awowi, sai dai ka sauka ka tura ko ka kewaya. Babban abin da ke cin baƙi shi ne ajiya, ba a jingine keke inda anka ga dama kamar yadda muke yi ƙofar shago, akwai wuraren ajiya na kuɗi, in ka bar shi inda ba a yarda ba motar hukuma na zuwa ta kwashe, sai ka bi shi can wani gefen gari ka biya tara kahin a ba ka, ga mai haya na jiranka. Sannan unguwar Giyon ta mata masu rawar gargajiya da farar kwalliya, tun 2019 mazauna sun kafa alluna sun hana ɗaukar hoto cikin lungunansu na gida da tarar yen 10,000, yen ɗaya kuwa wajen sefa huɗu ne yana hawa yana sauka, ka ga kusan jika arba'in kenan kan hoto ɗaya. Sun yi haka ne don baƙi sun dame su, ana tare mata hanya ana jan rigarsu, kar a ga ɗan Maradi cikin masu wannan.

Kuɗi, hayar keke zalla ba ta da tsada, wajen yen 1000 zuwa sama a wuni, da ɗan jagora kuwa zai ninka haka sau da yawa. Ka tambaye su tun yanzu ko kuɗin ya haɗa da tikitin shiga wurare da abincin rana da inshora, ku nawa ne cikin tawaga, kuma da wane harshe za a yi bayani, don mafi yawa Turancin Ingilishi ne, masu Faransanci akwai amma sai an nema da wuri. In an ba ka zaɓi ka ɗauki na rabin wuni awa uku zuwa huɗu, daga Osaka tahiyar ba ta kai awa ɗaya a jirgin ƙasa, ragowar wunin ka yi shi da ƙafa. Ba ka gaya mini watan tahiyar ba, in Yuli ne ko Agusta kar ka ce kai ɗan Maradi ne ka saba da zahi, nasu mai gumi ne iska ba ta motsi cikin kwarin nan, ka riƙe ruwa. Ƙarshen Maris zuwa farkon Afrilu lokacin furen itacen da suke kira sakura da Nuwamba lokacin da ganye ke ja su ne masu kyau, su ne kuma masu cunkoso. In an gama kar ka ciro kuɗi ka ce ga na goro, ba al'adarsu ba ce, sai ka sa mutum jin nauyi, ɗan sunkuyar da kai da godiya sun isa. Hoton kuma ka nuna ma ƴan fadarku.

TAMBAYA: Kawu barka da aiki. Ni matar aure ce daga Sabon Gari, maigida na zuwa Japan harkar kayan mota ya ce wannan karon da ni za a tahi kuma yana so mu je Kiyoto. Na iya keke tun ina yarinya amma da hijabi fa ya za a yi? Kuma an ce duk wuraren kallon gidajen bautarsu ne, ina tsoron a sa mu yin abin da bai dace ba, ga maganar abinci da salla.

AMSA: Barka kadai ƴata, ki gaida maigidan, ya kyauta da ya tuna da ke. Hijabi ba ya hana, abin kula kawai shi ne dogon da ke jan ƙasa yana iya shiga cikin taya ko sarƙa, ki sa wando ciki da riga mai kai gwiwa da hijabi matsakaici ki tattara gefenshi, hular kwano na zama bisanshi lahiya lau, kuma mamacari an yi shi ne dama don mata masu siket. In kina jin ƙafa za ta gaji ki ce a ba ki mai batir, kina takawa yana taimaka miki. Mata musulmi daga Indunusiya da Maleshiya suna zuwa da yawa, ba wanda zai tsaya kallonki.

Gaskiya ne mafi yawan wuraren gidajen bauta ne, na addinin Buda da na Shinto, sun kusa 2000 cikin garin. Hukuncin shiga na malamai ne, ki tambayi malaminku kahin ku tashi. Abin da na gani da idona shi ne ba a tilasta ma kowa komi, masu yin ibadarsu suna jefa kwabo su kaɗa ƙararrawa su tafa hannu su sunkuya, baƙo na tsaye gefe yana kallon gini da lambu. Ni tun wurin karɓar keke na gaya ma jagorarmu cewa ni musulmi ne ba zan yi waɗannan ba, ta ce to, ba ta sake tada zancen ba, har ita ce ta tuna mini da azahar ta nuna mini wani gefe mai tsabta ƙarƙashin itace. In zuciyarki ba ta kwanta ba ma ana iya shirya muku hanya ta bakin kogi da fadar sarki da gidan Nijo da unguwar masaƙa da kurmin gora na Arashiyama. Akwai ƙaramin masallaci cikin garin kusa da kogin Kamo gabas da fadar, tashar jirgin sama ta Kansai ma tana da ɗakin salla.

Abinci ki yi hattara da miyar taliyarsu ta ramen, galibi da ƙashin alade ake dafa romon, kuma suna zuba wata giyar shinkafa mai zaƙi da ake kira mirin cikin miya da yawa, sai an tambaya. Amma ga abin da zai faranta miki, abincin da Kiyoto ke taƙama da shi awara ce, tofu suke ce mata, sai dai tasu fara ce lugub a dafa ta cikin ruwan zahi ba soyawa ba yaji. Ki tahi da ɗan ƙullin yajinki cikin jaka.

TAMBAYA: Kawu ni ɗalibi ne jami'ar Dan Dicko Dankoulodo, ɗan Bagalam. Irin wanga yawo ana iya yinshi nan Maradi ko sai ƙasashen masu kuɗi?

AMSA: Ana iya wa ɗana, kuma na daɗe ina son in ga wani ya fara. Yashi ne da rana abokan gabarka, don haka lokacin sanyi da sassahe bayan asuba, ka tsaya ga gudron da hanyoyi masu tauri. Keke ba shi ne wahalar ba, ko goma ka nema cikin unguwa ka samu aro, wahalar ita ce abin da za ka faɗa in an tsaya. Ka san yadda Katsinawa sunka baro Birnin Katsina bayan jihadi sunka kafa sarautarsu nan, ka san sarautun fada da aikin kowa, ka san inda tsohon garin yake can ƙasa bakin gulbi kahin ambaliyar 1945 ta sa a hauro bisa tudu? Kai ɗan Bagalam ne, tsofaffin da iyayensu sunka ga ruwan nan suna zaune ƙofar gidajensu, ka sayi goro ka je ka durƙusa ka riƙe littahi. Ka nemi izini fada kahin ka kai kowa ƙofarta, kuma kar a ɗauki hoton mutum ko gidanshi sai ya yarda. Ka fara da ƴan ajinku biyar ko shida waɗanda sunka zo karatu daga Zinder da Tawa da Yamai ba su san garin ba, ku tashi daga ƙofar fada ku ratsa tsohuwar unguwa ku gangara gulbi ku dawo ta kasuwa, in ƙafa ta saba wata rana ku miƙa Tsibiri. Abin da tsofaffin sunka gaya maka kan ambaliyar ka rubuto mini shi, zan ba shi hili cikin mujallar wata mai zuwa in sha Allahu.